Mai Niyyar Ziyartar Alƙahira, Ya Fara Daga Fusɗaɗ

Ba a taɓa yin zamanin da mutanenmu suka yawaita zuwa birnin Alƙahira kamar wannan da muke ciki ba, domin kuwa duk wanda ya dubi fasinjojin jirgin da ke tashi daga Kano ko Abuja zuwa Masar zai tarar a cikinsu da majinyaci da ɗan rakiyarsa, da ɗalibin da ya nufi Azhar, da falken da zai saro jallabiyoyi da littattafai, da kuma wanda zai yada zango kawai a kan hanyarsa ta zuwa Umra; amma duk da wannan yawa nasu, idan suka komo gida aka tambaye su abin da idanunsu suka gani, da wuya jawabin ya wuce dalar Giza, da kasuwar Khan Khalili, da shawagi cikin jirgin ruwa a kan Nilu bayan Isha'i. Abin da nake so in kafa wa hujja a wannan maƙala shi ne, wanda Allah ya hore wa kwana uku ko huɗu na sarari a wannan birni ya kamata ya gina ziyararsa a kan gidajen tarihi, ya kuma keɓe aƙalla safiya guda domin wuraren da Yahudawan Masar suka bari, saboda tarihin Musulmin Alƙahira kansa ba ya karantuwa cikakke sai an haɗa da nasu.

Abu na farko da ya wajaba mai tsara tafiya ya sani shi ne, Alƙahira garuruwa ne da aka yi ta kafawa ɗaya bayan ɗaya, kowace daula tana matsawa arewa maso gabas daga inda ta gabace ta ta tsaya. Sahabi Amru ɗan Asi, Allah ya yarda da shi, shi ya kafa Fusɗaɗ wajen shekarar 641 bayan buɗe Masar, a gefen tsohuwar ganuwar Rumawa da ake kira Babila. Abbasiyawa suka zo suka kafa Askar a 750. Ahmadu ɗan Ɗulun ya kafa Ƙaɗa'i'u, ya gina masallacinsa wanda aka kammala a 879, yana nan tsaye har yau. Sa'an nan a 969 Jauhar, kwamandan rundunar Faɗimiyawa, ya aza harsashin Alƙahira ita kanta, ya kuma fara ginin Azhar a shekarar da ta biyo. Saboda haka wanda ya fara ziyararsa daga kudu ya nufi arewa, zai bi tarihin bisa tartibinsa, abin da ya gani da hantsi ya zame masa sharhin abin da zai gani da la'asar, maimakon ya yi ta tsalle tsakanin ƙarnoni har komai ya cakuɗe masa.

To, ranar farko ta Fusɗaɗ ce, kuma isa wurin ba shi da wahala, domin jirgin ƙasa na cikin gari yana da tasha mai suna Mar Girgis a bakin unguwar, wadda Misirawa ke kira Mujamma'ul Adyan saboda haɗuwar wuraren ibadar addinai uku a cikinta. A yi sammako kafin rana ta yi zafi, a fara da masallacin Amru, wanda shi ne masallaci na farko da aka gina a ƙasar Masar, ko da yake an sha rushe shi ana faɗaɗawa har babu abin da ya saura na ginin asali sai gurbinsa. Bahaushe da Babarbare suna da haƙƙin su tsaya a nan su yi tunani, domin a wannan gari na Fusɗaɗ ne mutanen Kanem suka kafa makarantar Ibn Rashiƙ a tsakiyar ƙarni na 13, domin ɗalibansu da alhazansu masu bin mazhabar Malikiyya, kamar yadda Maƙrizi ya ambata. Ke nan ƙafafun mutanen ƙasashenmu sun taka waɗannan lunguna tun fiye da shekara 700 da suka wuce. Daga masallacin, tafiyar 'yan mintoci ce da ƙafa zuwa gidan tarihin Ƙibɗawa, wanda Marƙus Simaika Basha ya kafa a 1908, da cocin nan da ake kira Mu'allaƙa saboda an ɗora ta a bisa ƙofar ganuwar Rumawa. A bayan waɗannan kuma, a ƙarshen wani siririn lungu, akwai majami'ar Yahudawa ta Ben Ezra, wadda ita ce maƙasudin wannan rubutu.

Ginin da mai ziyara zai gani a yau ba shi da girma, kuma an sake gina shi ne a farkon shekarun 1890 bisa fasalin wanda ya gabace shi, sa'an nan hukumar Masar ta yi masa gyara ta sake buɗe shi a ƙarshen watan Agusta na 2023. Mutanen wurin suna riwayar cewa a nan kusa ne aka tsinci akwatin Annabi Musa, amincin Allah ya tabbata a gare shi, yana jariri, wannan kuwa zance ne na gado da ake faɗa wa baƙi. Darajar wurin ta haƙiƙa tana cikin wani ɗan ɗaki ne da ke sama, a ƙarshen sashen mata, wanda ba shi da ƙofa sai wata kafa a bango. Al'adar Yahudawa ce ba su yarda a wulaƙanta takardar da ke ɗauke da sunan Allah, sai a ajiye ta a wani ma'aji da suke kira Geniza har a sami lokacin binne ta. Wannan kuwa abu ne da ba ya bukatar dogon bayani ga wanda ya tashi a gidan da ake tsintar guntuwar takarda mai ayar Alƙur'ani daga ƙasa a soke ta a tsagar bango, kuma Musulmi ma sun yi irin wannan ma'aji, kamar tsofaffin mushafan da aka gano a rufin babban masallacin San'a a 1972. Sai dai Yahudawan Fusɗaɗ sun faɗaɗa al'adar, suka riƙa jefa kusan duk abin da aka rubuta da haruffan Ibrananci ta wannan kafa, kuma ba su kwashe sun binne ba, busasshiyar iskar Masar ta kiyaye shi, har tarin ya yi ta hauhawa na kusan shekara dubu.

Yadda duniya ta san da shi kuwa, a 1896 wasu mata biyu tagwaye 'yan Sikotilan, Agnes Lewis da Margaret Gibson, masu ilimin harsunan Gabas, suka sayo wasu guntayen rubuce-rubuce a Masar suka nuna wa Solomon Schechter, malami a jami'ar Kambirij, shi kuwa ya gane cewa ɗaya daga ciki shafi ne na asalin Ibrananci na littafin hikima na Ben Sira, wanda aka ɗauka ya ɓata tun ƙarnoni da yawa. Bai yi jinkiri ba, a ƙarshen shekarar ya nufi Alƙahira, ya sami izinin shugabannin jama'ar Yahudawa, ya kwashi abin da ya kai guntaye wajen 193,000 zuwa Kambirij; saura kuma suka watsu zuwa ɗakunan karatu na Ingila da Rasha da Amurka da wasunsu, jimillarsu tana kai wa wajen 400,000. Don haka ɗakin da mai ziyara zai ɗaga kai ya hanga a yau fanko ne, kuma duk Musulmin Afirka da ya san halin da kundayen kakanninsa suke ciki a zauruka da akwatuna a Kano da Katsina da Sakkwato da Agadas, gara da ruwan sama suna cin rabonsu, ba zai dubi wannan kafa ba face zuciyarsa ta sosu, domin taskar da masu ita ba su san ƙimarta ba, ko dai baƙo ya ɗauke ta ko ƙasa ta cinye ta.

Me ke cikin waɗannan takardu, har na ce tarihin Musulmi ba ya cika sai da su? Akwai littattafan addininsu da addu'o'insu, wannan nasu ne. Amma akwai kuma takardun aure da na saki, da lissafin kayan ɗakin amarya, da takardun hayar gidaje, da rubutun likita na haɗa magani, da shafukan da yara suka koyi baƙaƙe a kansu, da dubban wasiƙun fatake waɗanda ke kai da kawowa tsakanin Andalus da Tunis da Siƙilliya da Masar da Adan har gaɓar Indiya, suna faɗin farashin barkono da siliki da kattani, suna kukan jirgin da ya nutse da abokin ciniki da ya ci amana. Mafi yawan waɗannan wasiƙu kuwa da harshen Larabci aka rubuta su, sai dai da haruffan Ibrananci, kamar yadda malamanmu suka rubuta Hausa da Fulatanci da haruffan Larabci muka kira shi ajami. Malamin nan S. D. Goitein ya shafe shekaru masu yawa yana nazarinsu, aikinsa ya fito cikin mujalladi biyar tsakanin 1967 da 1988, inda ya nuna cewa a zamanin Faɗimiyawa Yahudawan Fusɗaɗ ba a killace suke a unguwa ɗaya ba, suna maƙwabtaka da Musulmi da Kirista, wani lokaci ma suna tarayya da su a mallakar gida ɗaya ko a jarin kasuwanci ɗaya. Littattafan tarihi na malamanmu, duk da girman darajarsu, sun fi mayar da hankali ga sarakuna da yaƙe-yaƙe da tarjamar malamai, amma abin da talaka ya ci, da kuɗin hayar da ya biya, da yadda matar da mijinta ya yi nisan kiwo ta kai ƙara, ba inda aka same shi da yawa kamar a nan. Abin da ya fi wannan ban mamaki shi ne, ma'ajin takardun daular Faɗimiyawa ya salwanta bayan faɗuwarta, amma da yake takarda tana da tsada a wancan zamani, an riƙa sayar da tsofaffin takardun fada, Yahudawa suka saya suka yi rubutu a bayansu, daga baya suka jefa su cikin Geniza. Ta haka ne wasu umarce-umarcen halifofi da koke-koken talakawa zuwa ga hukuma, cikin Larabci da hannun magatakardan fada, suka tsira har suka iso gare mu.

Ba zan ce zaman ya kasance lami lafiya a kowane lokaci ba, domin amanar tarihi ta hana. Halifa Hakim bi Amrillah ya sa an rushe majami'u da coci-coci a farkon ƙarni na 11, ita kanta Ben Ezra tana cikin waɗanda abin ya shafa kafin a sake gina ta, kuma a cikin Geniza akwai wasiƙu masu yawa na matalauta da ke roƙon a taimake su biyan jiziya don kada a tsare su. Mai hankali yana son ya san wannan da wancan baki ɗaya.

Rana ta biyu ta Alƙahirar Faɗimiyawa da Mamalik ce, kuma mafarinta ya kamata ya zama gidan tarihin fasahar Musulunci da ke Babul Khalƙ, wanda aka buɗe a gininsa na yanzu a 1903, bam ya lalata shi a watan Janairu na 2014, aka gyara aka sake buɗe shi a 2017. A nan mutum zai ga mushafai, da fitilun gilashi na masallatai, da mihraban katako, da kayan aikin likitoci da na masu ilimin falaki. Wanda ya riga ya ji labarin Geniza kuwa zai dube su da wani ido dabam, domin zai san cewa irin waɗannan kwanoni da yadudduka su ne ake lissafawa a cikin kayan amaren Fusɗaɗ. Daga nan sai a bi titin Mu'izz zuwa Azhar, a tuna kuma cewa wazirin da ya tsara wa fuƙaha'u albashi da mazauni domin su zauna su karantar a wannan masallaci a 988, wato Ya'aƙubu ɗan Killis, Bayahuden Bagadaza ne da ya musulunta.

Ba nisa da nan, a cikin cunkoson kasuwar Muski, akwai unguwar da har yau ake kira Haratul Yahud, a cikinta kuma akwai majami'ar da ake jingina wa Musa ɗan Maimun, wadda hukumar kayan tarihi ta Masar ta gyara a 2010. Wannan bawan Allah ya cancanci ɗalibin ilimi ya san shi. An haife shi a Ƙurɗuba ta Andalus a cikin shekarun 1130, iyalinsa suka bar ta saboda tsananin daular Muwahhiduna, suka zauna a Fas, daga bisani suka tare a Fusɗaɗ, inda ya zama shugaban jama'arsa kuma likita a fadar Ayyubawa, yana duba Alƙali Fadil, wazirin Salahuddini, daga baya kuma ɗan Salahuddinin, Malik Afdal, har ya rasu a 1204. A wata wasiƙa tasa ya siffanta yadda yake hawa dabbarsa kullum da sassafe daga Fusɗaɗ zuwa fada a Alƙahira, ya komo bayan Azahar da yunwa ya tarar da zaurensa cike da marasa lafiya, Yahudawa da waɗanda ba Yahudawa ba. Wato hanyar da nake shawartar mai ziyara ya bi cikin kwana biyu, shi yana bin ta ne kowace rana. Babban littafinsa na falsafa, Dalalatul Ha'irin, da Larabci ya rubuta shi, ya yi muƙabala a cikinsa da Mu'utazilawa da Ash'arawa, ya amfana da Farabi. Malamin Musulunci Tabrizi ya yi sharhi a kan muƙaddimomi 25 da ke farkon juzu'insa na biyu, Ibn Abi Usaibi'a kuma ya sanya shi cikin littafinsa na ɗabaƙoƙin likitoci. Idan magabata ba su ga aibi ba wajen karanta shi da yi masa sharhi, ban ga dalilin da zai hana jikokinsu tsayawa a ƙofar majami'ar da ake jingina masa ba.

Na san akwai waɗanda zukatansu za su ƙi wannan shawara, kuma ba na raina dalilinsu. Wani zai ce, yaya za a yi Musulmi ya tafi kallon majami'ar Yahudawa alhali jinin Falasɗinawa bai bushe ba a Gaza? Wannan ciwo nawa ne kamar yadda yake nasa, kuma babu abin da ke cikin wannan maƙala da ke rage nauyin zaluncin da aka yi musu ko da ƙwayar zarra. Amma Ben Ezra ta girmi ƙasar Isra'ila da ƙarnoni tara ko fiye, waɗanda suka yi ibada a cikinta Misirawa ne masu magana da Larabci, waɗanda suka rayu ƙarƙashin amanar Musulunci, kuma mai kula da ita a yau hukumar Masar ce da dukiyar Misirawa. Bal ma ni a ganina, Musulmin da ya san wannan tarihi ya fi ƙarfin hujja a gaban duk mai da'awar cewa gaba tsakaninmu da Yahudu abu ne na fil azal wanda addini ya wajabta. A shekarar 1948 Yahudawan Masar sun kai wajen 75,000 zuwa 80,000, kuma tun kafin nan aka sami daga cikin jama'arsu ministan kuɗi, Yusuf Ƙaɗɗawi Basha, da ɗan jarida Ya'aƙubu Sanu'a. Yaƙe-yaƙen 1948 da 1956 da 1967 da korar da ta biyo bayansu suka watsa su, har yau saura 'yan ƙalilan, mafi yawansu tsofaffin mata. Wannan ma hasara ce da Masar ta yi, kuma ya kamata a kira ta da sunanta.

Wani kuma ta fuskar fiƙihu zai zo, ya tambayi hukuncin shiga. Malamai sun yi saɓani a kan shigar Musulmi wuraren ibadar Ahlul Kitabi, akwai wanda ya halatta akwai wanda ya karhanta, kuma galibin illar da masu karhantawa suka dogara da ita ita ce siffofin da ke ciki ko halartar ibadarsu. Majami'ar Ben Ezra kuwa babu gunki ko surar mutum a cikinta, kuma an daɗe da daina ibada a wurin. Mai zurfin karatu zai iya kawo mini labarin Shehu Magili, wanda ya zauna a Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, da abin da ya yi game da majami'ar Yahudawan Tuwat wajen 1492. Amsata ita ce, tun a lokacin alƙalin Tuwat, Abdullahi Asnuni, ya saɓa masa, aka aika da tambaya ga malaman Magrib suka rarrabu, Wansharisi ya tattara fatawoyin a cikin Mi'iyar, kuma mas'alarsu a kan halaccin wanzuwar ginin take, wadda dabam take da mas'alar mai wucewa da ya shiga domin i'itibari. Ya ishe mu cewa a Suratul Hajji an ambaci wuraren ibadar Yahudu da Nasara tare da masallatai cikin abin da Allah ke tsarewa daga rushewa, kuma ya inganta cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya miƙe tsaye sa'ad da aka wuce da gawar wani Bayahude. Wanda duk da haka zuciyarsa ba ta natsu ba, sai ya tambayi malaminsa kafin ya tashi.

Kayan Fir'aunoni kuwa ba su bukatar in yi musu talla. Gidan tarihin wayewar Masar yana nan a Fusɗaɗ, ɗan gajeren zango a mota daga Ben Ezra, can aka mayar da gawawwakin sarakuna 18 da sarauniyoyi 4 a watan Afrilu na 2021, ana iya haɗa shi da yammacin ranar farko. Babban sabon gidan tarihi na Giza, wanda aka yi bikin buɗewarsa a Nuwamba na 2025 kuma aka tara kayan kabarin Tutankamun a cikinsa, yana son yini guda tare da dala. Tsohon gidan na dandalin Tahrir, mai tarihi tun 1902, a ba shi abin da ya saura.

Akwai 'yan abubuwa da za su sauƙaƙa wa matafiyi. Ya riƙe fasfo ɗinsa a jikinsa, domin akwai jami'an tsaro a ƙofar wuraren Yahudawa, kuma sukan hana ɗaukar hoto a ciki, sai ya bi umarninsu ba tare da gardama ba. Ben Ezra ce kaɗai a buɗe ga kowa a kullum. Majami'ar Musa ɗan Maimun da babbar majami'ar titin Adli da ke tsakiyar gari, wadda aka gina a farkon ƙarni na 20, sau da yawa a rufe suke sai da izini, saboda haka a bincika kafin a kama hanya. A guji sanya ziyarar Fusɗaɗ da Azhar a hantsin Jumma'a in ba salla za a tsaya yi a can ba, a kuma tuna cewa lokutan buɗe gidajen tarihi suna gajarta a watan Ramalana. Sanyin hunturu, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, ya fi dacewa da yawon ƙafa fiye da zafin bazara.

Ina kira ga kamfanonin da ke shirya wa mutanenmu tafiya Masar, da ƙungiyoyin ɗalibanmu na Azhar waɗanda su ne kan yi wa baƙo jagora in ya sauka, su sanya Fusɗaɗ cikin jadawalinsu a rana ta farko, su kuma horar da biyu ko uku daga cikin ɗaliban tarihi su iya bayanin masallacin Amru da makarantar mutanen Kanem da ɗakin Geniza cikin Hausa, domin galibin masu jagora na wurin da Larabci ko Turanci suke yi, tsohon da ya kawo matarsa asibiti kuwa ba lalle ne ya ji ko ɗaya daga cikin biyun ba.